ASBIYONSAN: MAI TARA TATSUNIYOYI DA YA ZAMA MALAMIN DAJI

Jawabi don karantawa a azuzuwan yaƙi da jahilci



Jawabin wannan wata a kan wani mutumin ƙasar Norwe ne. Cikakken sunansa a rubuce shi ne Peter Christen Asbjørnsen. Sunan yana da wuyar faɗi, saboda haka za a riƙa kiran sa Asbiyonsan. Ya rasu tun shekarar 1885, amma har gobe da wuya a sami ɗan makaranta a ƙasarsu da bai taɓa jin sunansa ba. Yawancinsu ta wajen tatsuniya suka san shi. Amma aikin da gwamnati ta ba shi albashi a kai shi ne kula da daji. Yana cikin mutanen farko na ƙasar da suka tafi makaranta musamman don koyon wannan aiki.

ƘASAR NORWE

Norwe tana can ƙarshen arewacin Turai. Ƙasa ce doguwa siririya, duk duwatsu, ga teku ya bi ta gefen yamma tun daga sama har ƙasa. Filin noma kaɗan ne ƙwarai. Sanyi kuwa sai wanda ya gani. Wata da watanni ƙanƙara ke rufe ƙasa, kogi ya daskare har mutum ya taka ya wuce. Wanda ba shi da itacen jin ɗumi a irin wannan wuri yana iya rasa ransa. Da katako suke gina gidajensu, tun daga bango har rufi. Da shi suke sassaƙa jiragen kamun kifi. Ke nan a wurinsu itace abokin abinci ne.

Itatuwansu ba irin na ƙasar Hausa ba ne. Dogaye ne miƙaƙƙu, ganyensu tsinini kamar allura, kuma ba sa kaɗewa. Saboda sanyi ba sa girma da sauri. Itacen da za a yanka a yi katako da shi yakan kai shekara 70 zuwa 100 a tsaye, a wasu wuraren ma ya fi haka. Ku riƙe wannan lissafi, domin shi ne tushen maganar duka. Wanda ya dasa ba shi ke yanka ba. Jikansa ke yanka.

YADDA DAJIN YA SOMA ƘAREWA

Fiye da shekara 400 da suka wuce mutanen Norwe suka koyi haɗa zarto da ƙarfin ruwa. Ruwa ya gangaro daga dutse, ya juya wani babban gargare, shi kuma ya riƙa ɗaga zarto yana sauke shi. Aikin da mutum biyu za su wuni suna yi sai ya zama na ɗan lokaci. Nan da nan katako ya zama haja. A sare itace a daji, a tura gumagumai cikin kogi, ruwa ya kai su bakin teku, a tsaga, a loda a jirgi. Mutanen Holan suka saya. Mutanen Ingila suka saya. Da babbar gobara ta cinye birnin Landan a 1666, katakon Norwe mai yawa aka kai don sake gina shi.

Ba 'yan katako kaɗai ke cin dajin ba. Akwai ma'adinan azurfa da na tagulla, kuma narkar da ƙarfe yana cin gawayi ba kaɗan ba. A kewayen wani gari mai suna Roros, inda aka fara haƙar tagulla a 1644, sai da aka share dajin ƙaf, aka koma jigilar gawayi daga nesa. Ga masu dafa ruwan teku don samun gishiri. Ga makiyaya da ke hawa kan duwatsu da bazara, suna hura wuta dare da rana suna dafa madara. Ga kuma awaki, waɗanda ba sa barin ƙaramin tsiro ya ɗaga kai. Wannan dai ba sai an yi wa makiyayi bayani ba.

Akwai wata illa kuma da ba a ganin ta da wuri. Mai sara kullum babban itace lafiyayye yake zaɓa. Karkatacce da mai ciwo su ake bari. Shekara bayan shekara ana haka, sai ka ga daji daga nesa kamar yana nan, amma in ka shiga ciki babu na kirki.

Gwamnati ta taɓa gwada magani. A 1739 aka kafa ofishin kula da daji, aka ɗauko wasu Jamusawa biyu, wa da ƙane, suka shugabance shi. Masu cin moriyar katako ba su so ba. A 1746 aka rufe ofishin.

ƘURUCIYARSA

An haifi Asbiyonsan ranar 15 ga Janairu 1812, a birnin Kiristiyaniya, wanda yanzu ake kira Oslo. Mahaifinsa mai sana'ar sa gilashi ne a taga. Shekarar haihuwarsa ta yunwa ce. Ana yaƙi a Turai, jiragen Ingila sun tare hanyar da hatsi ke shigowa, sanyi kuma ya lalata amfanin gona. Talakawa suka riƙa ɓare ɓawon itace, su kankare farin da ke ciki, su shanya, su niƙa, su gauraya da gari su yi burodi. Har a lokacin yunwa daji ne ya rufa musu asiri.

Yana ɗan shekara 14 ko 15 aka tura shi karatu wani ƙauye mai suna Norderhof. A can ya gamu da wani yaro ɗan manomi, Yorgen Mo. Suka ƙulla abota wadda mutuwa ce kaɗai ta raba. Su biyun suna son yawon daji, da farauta, da kamun kifi, da sauraren hirar tsofaffi.

Ya shiga jami'a a 1833. Ya taɓa karatun likita, bai kammala ba. Kuɗi ba su ishe shi ba, sai ya kama aikin koyar da 'ya'yan masu hali a gidajensu a karkara. Wannan aiki shi ya kusantar da shi da mutanen ƙauye.

TARA TATSUNIYOYI

A zamanin nan Norwe ba ta daɗe da fita daga hannun Denmak ba. Ta yi shekara kusan 400 a ƙarƙashinta, sai a 1814 aka raba su, aka haɗa ta da Suwidin. Duk wani abin da aka rubuta, da harshen Denmak ake rubuta shi. Maganar mutanen ƙauye kuwa ana yi mata kallon ta marasa ilmi. Tatsuniyoyinsu a baki kawai suke. In tsohuwa ta mutu, sai ta tafi da nata.

Asbiyonsan da Yorgen suka ga yadda wasu 'yan'uwa biyu masu suna Girim suka tara tatsuniyoyin Jamus suka buga. Suka ce su ma za su yi wa ƙasarsu haka. Suka ɗauki jaka da alƙalami, suka bi ƙauyuka da ƙafa. Asbiyonsan mutum ne mai fara'a da barkwanci, ga iya zama da jama'a. Yakan zauna da masu saran itace, da masu ƙona gawayi, da mafarauta, da masunta, da tsofaffin mata a bakin murhu. Su yi ta ba shi labari yana rubutawa.

Daga 1841 zuwa 1844 suka fitar da kashin farko na tatsuniyoyin. A ciki akwai dodanni masu zama cikin duwatsu, ga ƙarfi ga wauta. Akwai wani auta da ke kwana a bakin toka, yayyensa sun raina shi, amma kullum shi ke cin nasara da dabara, kusan yadda Gizo ke yi. Wasu manya a birni suka ce maganar ƙauye ce, ba ta dace da littafi ba. Jama'a kuwa suka karɓa hannu biyu biyu. A 1859 aka juya su zuwa Turanci, daga nan suka bazu duniya. Masana sun yarda cewa littattafan nan sun taimaka ƙwarai wajen kusantar da rubutun Norwe da yadda mutanenta ke magana.

Bai tsaya nan ba. Yana da sha'awar halittun ruwa. A 1853 ya jefa koma cikin wani rami mai zurfi na teku da ake kira Hardanga, ya jawo wata halitta mai hannu 11 wadda masana ba su san da ita ba. Shi ya raɗa mata suna.

GEMU BA YA HANA ILMI

To, yawon neman tatsuniya ya nuna masa abin da bai fita nema ba. Shekara 20 yana ratsa dazuzzuka da ƙafa. Ya ga kututture a inda da akwai inuwa. Ya ga gangaren duwatsu tsirara. Ya ji kukan mutanen bakin teku da ba su da abin hura wuta. A 1855 ya rubuta littafi a kan dazuzzukan Norwe da yadda ya kamata a tsara amfani da su.

Amma rubutu daban, sanin aiki daban. A lokacin babu makarantar koyon aikin daji a Norwe. Sai an je Jamus. A 1856 gwamnati ta ba shi taimakon kuɗi, ya tafi wani ƙaramin gari mai suna Tarant, kusa da birnin Diresdin, inda akwai shahararriyar makarantar daji. Shekarunsa 44 a lokacin. Ya riga ya yi suna, ana karanta littattafansa a ƙasashen waje. Duk da haka ya koma aji, ya zauna da samarin da ya kusa haifa, har shekara biyu. Ba shi ne ɗan Norwe na farko a makarantar ba. Wasu biyu, Yakob Bart da Torwal Maidel, sun riga shi da 'yan shekaru. Su ukun nan ake ambata tare in ana batun mafarin aikin daji na zamani a ƙasar.

Me aka koya musu a can? An koya musu awon daji da zana taswirarsa. An koya musu ƙidaya itatuwa, da gane shekarun itace. In aka yanke itace a ƙasar sanyi, za ka ga zobe zobe a jikin kututturen. Kowane zobe shekara guda ne. An koya musu tara iri, da renon dashe, da cututtukan itace. Amma uwar darasin guda ce: kada a yanki abin da ya fi wanda dajin ke ƙarawa a shekara.

Ga misali. A ce gari yana da daji, kuma itacensa sai ya shekara 100 yake isa yanka. Sai a raba dajin kashi 100. Bana a yanke kashi ɗaya, a dasa sabo a wurin, a tsare shi daga dabbobi. Baɗi a matsa kashi na biyu. Kafin a zagayo kan na farko, shekara 100 ta cika, ya sake isa yanka. Garin yana samun katako kowace shekara, dajin kuma yana nan. Mai garke ya san wannan lissafi ko da bai je Jamus ba. Ana shan nono, ana sayar da ɗan maraƙi, amma ba a taɓa uwar garke. Bambancin kawai shi ne saniya takan haihu cikin 'yan shekaru, shi kuwa itacen Norwe sai an yi haƙurin da ya wuce tsawon ran mutum.

MALAMIN DAJI A TIRONHAIM

A 1860 gwamnatin Norwe ta kafa ma'aikatar gandun daji. Aka naɗa Asbiyonsan babban malamin daji a yankin Tironhaim, can wajen tsakiyar ƙasar. Ya yi shekara huɗu a wannan aiki.

Aikin ba na zaman ofis ba ne. Yankin yana da faɗi, ga duwatsu da fadamu, hanyoyi kuma kaɗan. Dazuzzuka da yawa a can na gwamnati ne a takarda, amma tun kaka da kakanni mutanen ƙauye ke shiga su ɗebi itacen wuta da na gini, su yi kiwo. Sai an bi an gano iyaka. Sai an san wa ke da haƙƙin ɗiba, kuma nawa zai ɗiba. Sai an ware mai sara don rufin ɗakinsa da mai sara don sayarwa. A 1863 aka yi dokar daji wadda ta tsara amfani da dazuzzukan gwamnati da na gamayya. Malamin daji ya zama shi ke nuna itacen da za a sara, ya sa masa alama da gatari.

Ku auna yadda manomi zai ji. Itacen da ubansa ya sara ba da izinin kowa ba, yau sai wani mai albashi ya zo ya sa alama. Ba a yi wa malaman daji maraba a ko'ina ba, kuma ba za a ce manoman ba su da tasu hujja ba. Bukatarsu ta yau ce, shi kuwa malamin daji yana maganar shekara 100. Dokar ma ba ta kai ko'ina ba. Yawancin dajin Norwe a hannun masu gonaki yake, kuma dokar 1863 ta bar su su yi yadda suka ga dama da nasu. Ga shi a daidai wannan lokaci aka sakar wa kowa mara ya kafa injin tsaga katako, aka kuma fara niƙa itace ana yin takarda. Masu takarda ba sa raina ƙaramin itace. Saboda haka sara ya ƙaru maimakon ya ragu.

TUBALIN FADAMA

Asbiyonsan ya gane cewa hana mutum sara ba ya ɗumama masa ɗaki. Sai an ba shi abin da zai ƙona. A ƙasashen sanyi akwai wasu fadamu inda ciyawa da gansakuka ke taruwa shekaru dubbai ba su gama ruɓewa ba. Sukan zama wata baƙar ƙasa mai laushi. In aka yanka ta kamar tubali, aka shanya ta bushe, tana cin wuta, kusan yadda busasshen kashin shanu ke yi. Mutanen bakin teku sun daɗe suna amfani da ita.

A 1864 gwamnati ta aike shi ƙasashen maƙwabta ya ga yadda suke sarrafa ta. Da ya dawo aka ba shi shugabancin binciken fadamun ƙasar. Shekara 12 ya yi yana yawo, yana auna zurfinsu, yana koya wa mutane yanka da shanya. A 1868 ya fitar da littafi a kai.

Dabarar ta rage wa daji nauyi a wasu wurare, amma ita ma tana da nata. A wasu tsibirai na yamma an yi ta yankar ƙasar har aka tarar da dutse, wurin ya daina fid da ko ciyawa. Yanzu kuma masana sun gano cewa fadamun nan rumbu ne na wata iska mai ƙara wa duniya zafi. In an haƙe su sai ta fita. Shi ya sa a yau aka koma kare su. A zamaninsa babu wanda ya san haka.

RIGIMAR FATE

Akwai wani wuri da ilminsa ya kai shi ya baro shi. A 1864 ya buga littafin girki da sunan aro. Babban abincin talakan Norwe a lokacin wani fate ne mai kauri na garin sha'ir ko makamancinsa. Matan ƙauye sukan dafa shi, in ya kusa sauka su barbaɗa ɗanyen gari su tuƙa. Duk macen da ta taɓa yin talge ta zuba gari ta san irin wannan hannu. Asbiyonsan ya ce wannan garin na ƙarshe bai dahu ba, ciki ba ya narkar da shi, asara ce kawai. Ya ce ƙasar tana hasarar dukiya mai yawa kowace shekara saboda matan ba su iya girki ba.

Sai wani masani mai suna Ailat Sunt ya tashi ya kare matan. Shi ma ya daɗe yana zaga ƙauyuka yana nazarin zaman talakawa. Ya ce abin da iyaye mata suka shekara ɗaruruwa suna yi bai kamata a kira shi jahilci ba tun ba a bincika ba. Aka yi ta musu a jaridu har wajen shekara biyu. Daga baya da aka gwada, sai aka ga cikin mutum yana narkar da garin sarai. Matan ne ke da gaskiya. Abin mamaki, mutumin da ya durƙusa gaban tsofaffin nan ya karɓi tatsuniya, da aka zo kan tukunya bai tambaye su ba.

BAYANSA

Ya ajiye aiki a 1876. Abokinsa Yorgen, wanda ya zama babban limamin Kirista, ya rasu a 1882. Shi kuma ya bi shi a watan Janairu 1885, saura 'yan kwanaki ya cika shekara 73.

Bai ga dajin ya farfaɗo da idonsa ba. A 1898 wani attajiri, Aksel Haibag, ya jagoranci kafa ƙungiyar dashen itatuwa, aka riƙa fita da 'yan makaranta suna dasawa. Duk da haka a 1916 Agnar Bart, ɗan Yakob Bart ɗin nan, ya yi rubutu yana kashedi cewa dazuzzukan Norwe na gab da hallaka. Maganarsa ta tada hankali. A 1919 aka fara ƙidayar dajin ƙasar baki ɗaya, kuma Norwe ce ta fara yin irin wannan ƙidaya a duniya. A 1932 aka yi dokar da ta hau kan masu dajin kansu ma. Bayan yaƙin duniya na biyu aka dasa itatuwa miliyoyi kowace shekara. Wutar lantarki da suke samu daga ruwa ta rage ƙona itace, awaki kuma suka ragu a daji.

Ana ci gaba da ƙidayar har yanzu. Ta nuna cewa yawan itacen da ke tsaye a Norwe ya ninka na shekarun 1920 kusan sau uku. Fiye da kashi ɗaya cikin uku na ƙasar daji ne. Saura ƙorafi guda: da yawa daga ciki dashe ne iri ɗaya, sa'o'in juna, tsohon daji mai tsuntsaye da namun dawa iri iri kuwa ya yi ƙaranci.

Daga 1997 zuwa 2018 hoton Asbiyonsan ne a kan takardar kuɗin Norwe ta kurona 50. A bayan takardar an zana furannin bado a kan wani tafki na cikin daji.